Buhu Goma a Ƙofar Bariki

Tun daga nesa Iklima ta gane tsayuwar. Duk garin Maiyama babu mai tsayawa haka, kafaɗu a miƙe, hannaye a baya, sai Kofur Naziru.

Ta fito da sauri daga ɗakin shan maganin da take aikin jinya, zuciyarta na neman riga ta isa wurinsa. Wata biyar rabon da ta sa shi a ido.

"Yaya Naziru! Shi ne ko kira? Yaushe ka iso? Ka ga jikin Innarka?"

Bai yi murmushi ba. Ya dube ta daga sama har ƙasa, kallon da bai taɓa yi mata ba tun ranar da suka haɗu a gefen gadon mahaifiyarsa.

"Naziru kuma? Ai an canza min suna. Kofur Albasa ake ce min yanzu. Bataliya guda, tun daga mai shara har samanja."

Ya zaro wata takarda daga aljihu ya miƙa mata da yatsu biyu, kamar mai miƙa abin ƙyama.

Ba ta buƙaci karantawa ba. Rubutunta ne. Gaisuwa daga surukan Kofur Naziru, a taimaka a duba maganar canjin wurin aikinsa. A ƙasa ga lambarsa ta aiki, ita ta kwafe ta da hannunta.

Ta zauna kan bencin masu jira.

Duk abin ya samo asali ne daga rantsuwar mahaifinta. Alhaji Attahiru, babban mai fataucin albasa na Jega mai rumfa a kasuwar Aliero, ya taɓa aurar da babbar ɗiyarsa Mufida can nesa. Ta rasu wajen haihuwa, kafin ya isa an yi kwana biyu da binne ta. Tun daga ranar ya rantse ba ya sake ba da ɗiya inda ba zai yi asuba a Jega ya yi azahar a ƙofar gidanta ba. Barikin Naziru kuwa yana kudu, tafiyar kwana biyu. Don haka Alhaji ya gindaya masa sharaɗi: ya sa a mayar da shi Birnin Kebbi kafin a kwashe rudunsa na ƙarshe, wato shimfiɗar karan da yake adana albasa a kai bayan girbi. Idan ya kasa, ya manta da hanyar gidan.

"Wallahi taimako na yi nufi," ta ce, hawaye sun riga sun sauko. "Na ga wata uku shiru, na ga albasar Baba na ƙarewa. Goggo Kulsum ta ce babu babban da ake zuwa wurinsa hannu sake…"

"Goggo Kulsum!" Ya yi wata dariya mai ɗaci. "Goggo Kulsum ce yanzu shugabar sojojin ƙasa? Ita dai na yi mata uzuri, ko faretin 'yan makaranta ba ta taɓa gani ba. Amma ke? Ke da kika yi karatu?"

"Ka saurare ni mana."

"A'a, ke za ki saurara, tunda ba ki taɓa tambaya ba. Na zauna na rubuta buƙatata da hannuna. Na ce mahaifiyata ɓarin jikinta ya shanye, ni kaɗai ne ɗanta namiji, na haɗa da takardar likita. Na miƙa wa laftanar ɗinmu, ya sa hannu. Ya miƙa wa manjo. Manjo ya kira ni ya tsare ni da tambayoyi, ya sa hannu. Ta hau teburin kwamanda. Daga nan sai birged, daga birged sai hedkwata. Haka ake yi, Iklima. Hawa-hawa, ba a tsallake kowa, ba a aiko dangi, ba a sa baki daga waje. Akawun ofis ya raɗa min cewa ran Litinin Oga zai sa hannu."

Ya nuna takardar da yatsa.

"Ran Asabar albasarku ta iso."

Ta rufe fuska da hijabinta.

"Buɗe ki ji sauran. Aka shigar da ni gaban kwamanda da gudu, ba hula, ba bel, kamar ɓarawo. Ya ce shekara ashirin da biyu yana aiki, ba a taɓa yi wa sa hannunsa kuɗi da kayan miya ba sai a kaina. Ya ciro takardata ya jefa a durowa ya kulle. Kwana goma sha huɗu ina kulle a gadirum, ban ambaci sunan kowa ba. Albasar kuma aka jibge ta a waje a matsayin shaida, ruwan kudu na dukanta. Da na fito, ni na kwashe ruɓaɓɓiyar da hannuna, 'yan sabon ɗauka na toshe hanci suna dariya. Kun ɗauka bariki kasuwar Aliero ce, kowane lamari a buhu ake auna shi."

Maganar ta soke ta. Ta ɗago ido jawur.

"Kasuwar Aliero da kake rainawa, ita ta ciyar da ni har ka gan ni ka ce kana so. Kuma kai da ka iya hawa-hawa, sau nawa na tambaye ka ina aka kwana? Me kake ce min? 'Ana kai.' Wata uku, 'ana kai'! Ka bar ni tsakanin Baba da Alhaji Mustapha, kullum yana zaure da ledar tsaraba, kai kana can kana ƙame wa tuta. Da ka buɗe baki ka yi min bayanin nan tun farko, da buhu ukun nan ba su bar Aliero ba!"

"Buhu nawa?"

"Uku."

"Goma na kwashe."

Suka dubi juna.

"Uku Goggo ta ɗiba," ta ce a hankali. "A gabana aka ɗinke su."

"Wa ya ɗauko?"

Sai da ta sunkuyar da kai kafin ta iya faɗa. "Motar Alhaji Mustapha. Shi ya ce tana bi ta garinku. Shi ya ce in rubuta takarda, in sa har lambarka, don kada a kai wa wani."

Naziru ya girgiza kai.

"Mutumin da ke neman aurenki. Shi kika ba saƙona."

"Ya ce ya haƙura! Ya ce tunda kai nake so…"

"Tashi mu tafi," ya katse ta. "Fas ɗin kwana biyar aka ba ni, yau na biyu. Ƙofa ɗaya manjo ya ce ta rage: in kawo takardar rantsuwa daga kotu, waɗanda suka aika da wanda ya kai su shaida ban san da maganar ba. Sai a yarda in sake rubutawa daga farko. In ba haka ba, takardata ta mutu a durowa."

*

A bas ɗin ta zauna bayan direba, ya zauna can kujerar ƙarshe. Suka ratsa Jega ko kallon kwanar gidansu ba ta yi ba. Kuka take yi marar sauti, wata tsohuwa kusa da ita na ta yi mata ta'aziyya.

Rana ta take lokacin da suka sauka Aliero. Warin albasa ya tare su tun daga bakin titi, manyan motoci a jere, masu ɗinkin buhu na ta aiki.

Alhaji Attahiru na zaune kan tabarma a rumfarsa, yana kallon leburori na kwashe rudu. Biyu kacal suka rage. A gefensa, kan farar kujera, Alhaji Mustapha ne ya ɗora ƙafa ɗaya kan ɗaya. Shadda ta sha sitaci har tana ƙara, wayoyi uku a hannu ɗaya, turaren da ya yi wanka da shi na ta kokawa da warin kasuwa, kuma kasuwar ce ke cin nasara.

"Lahiya, ɗiyar ga?" Alhaji ya ce. "Mi ya kawo ki kasuwa tsakar rana da kayan asibiti?" Sai idonsa ya sauka kan Naziru, wanda ya durƙusa yana gaisuwa. "Au. Sojan gwamnati na. Ka zo da takardar, ko wani labarin ka zo da shi?"

"Baba Alhaji, a yi mai uzuri," Mustapha ya ce yana murmushi. "Kofur na hwa. Igiya biyu. Akuyar gidanmu ma tana da guda."

Lebura biyu suka tuntsire da dariya. Naziru bai ko ɗaga kai ba, jijiyar wuyansa ce kawai ta miƙe.

Iklima ta zube gaban mahaifinta.

"Baba, ni na yi laihi. Ka yanke min hukunci, amma ka ji ni har ƙarshe."

Ta faɗa masa komai, muryarta na karyewa: shawarar Goggo, takardar, gadirum, durowar kwamanda. Fuskar tsohon na ƙara duhu da kowace kalma.

"Ke kinka rubuta? Da bokon da na kai ki kinka koyo? Ke da Kulsum kunka buɗe min rudu ban sani ba, kunka kai sunan gidana bariki ana dariya? Surukai! Wa ya ba shi ke da har munka zama surukai?"

"Ka gahwarce ni, Baba."

"Rufe min baki!"

Ya ja carbinsa da ƙarfi. Can ya tsaya. Ya juyo ga Naziru, karon farko ya dube shi ido cikin ido.

"Kai. Nawa Kulsum ta ɗiba, anka ce?"

"Uku, Baba."

"Nawa sunka isa?"

"Goma."

"Ina anka sauke su? Gidan mutumin?"

"A'a. Bakin get, da safe, ana tsakar fareti. Direban ya yi ta danna odar mota yana kiran sunana da lambata, yana cewa ga saƙon Oga."

Alhaji ya ajiye carbin a kan tabarma. A hankali ya juya ga farar kujera.

Mustapha ya gyara zama. "Ni na ƙara bakwai, Baba Alhaji, daga nawa. Uku ai raini na ga babban mutum. Alheri na yi. Direba kuma ka san su, ba su da kai."

"Mustapha."

"Na'am, Baba."

"Wa ya koya maka kasuwar ga?"

"Kai na."

"Shekara arba'in ina kai gaisuwa wurin manya. Ka bi ni ka gani da idonka ba sau ɗaya ba. Yaya nika yi?"

Mustapha ya duba wayarsa ta farko, ya duba ta biyu.

"Tunda ka manta bari in tuna maka. Ƙohwar baya. Buhu guda ko biyu, a hannun uwargida. Ba takarda, ba suna, ba a ko ambaci buƙata. Kai da kanka na taɓa mari don ka sauke kaya gaban gidan mutum baƙi na kallo. Ɗan Aliero bai kai buhu goma ƙohwar gaba da oda sai in so shikai a gani. Sannan ƙanenka Habibullahi, shekara nawa ya yi yana soja?"

Mustapha ya duba wayarsa ta uku.

"Shida," Alhaji ya ba kansa amsa. "Gidanku ya sauka da ya aje aiki. Kai dai ka san dokarsu. Wagga marar wayo da Kulsum su na ba su sani ba."

Murmushin ya zame daga fuskar Mustapha. Ya sauke ƙafarsa, ya kakkaɓe shaddarsa.

"To sai mi? Na taimake ka na, Baba Alhaji, ko ba ka gode ba. Ɗiya kamar Iklima ka ba wanda ko ranar aurenai sai ya nemi izini? Mutumin da ko bayan gida zai shiga sai wani ya sa mai hannu? Yau shina nan, gobe a tura shi daji, jibi a aiko maka da takalmi da hula. An binne guda ba ka gani ba, kana son ta biyu?"

Kasuwar ta yi wa Iklima tsit. Ta ga mahaifinta ya sunkuyar da kai. Ba ta san lokacin da ta miƙe ba.

"Kada ka sake sa Yaya Mufida a bakinka."

"Ke, da manya…"

"Wane babba? Kai? Ka zauna zauren gidanmu ka dafa ƙirji ka ce ka haƙura, ka ce in ɗauke ka yaya. Na yarda da kai don ina ganin mai zuwa sahun gaba ba ya ƙarya. Ka kasa samun zuciyar mace da bakinka, ka kasa da motocinka, sai ka koma yaƙi da kayan miya, daga nesa, ta hannun direba. Shi da kake wa dariya ya yi kwana goma sha huɗu a kulle kan laihin da bai yi ba, bai ambaci sunana ba ko sau ɗaya. Kai ko tambaya ɗaya Baba ya yi maka ka jingina wa direba. Wallahi ko maza sun ƙare a Kabi, ka ga lebura ɗin can mai ɗinkin buhu? Shi zan fara dubawa kafin kai."

Wannan karon dariyar leburori ba ta ɓoyu ba, har masu rumfar maƙwabta suka leƙo.

Naziru ya miƙe, muryarsa a daidaice. "Alhaji Mustapha, ban zo faɗa ba. Gobe kotu za ka je ka rantse ban san da saƙon nan ba. Shi ke nan abin da nake nema."

"Kotu? Ni?" Ya yi tsaki mai tsawo. "Ka je kwamandanka ya ba ni oda."

"Ba sai ya je ba," Alhaji Attahiru ya ce, ba tare da ya dube shi ba. "Yusuhu direba na san ƙohwar gidansu, na san ubanai. Shi zai rantse, ya hwaɗi wanda ya ce mai ya danna oda. Kai kuma ɗauke motocinka daga gaban ruduna. Kujerar ga ma tawa ta, tashi."

Mustapha ya tattara wayoyinsa ya fice, shadda na ƙara a bayansa, babu wanda ya ce masa a sauka lafiya.

Iklima ta juyo da murna na neman fasa mata ƙirji. Kallon da mahaifinta ya yi mata ya mayar da ita durƙushe.

"Kada ka ga na kori wancan ka ɗauka kai ka ci," ya ce wa Naziru. "Har gobe ban son soja. Ban son aikin da namiji ba shi da ikon ƙahwatai. Amma albasa daga ruduna ta hita, gidana ya ɓata maka. Gobe da sahe ni da Kulsum da wagga da direba muna kotu. In ka samu takardar, kwana nawa a maido ka?"

"Daga ƙasa zan sake farawa, Baba. Laftanar, manjo, kwamanda, birged, hedkwata. In Allah ya sa kwamanda ya huce, wata huɗu. Zai iya fi. Zai iya kuma ƙi."

"Wata huɗu." Tsohon ya dubi bayan rumfa. An gama da rudu ɗaya, leburori sun fara yaye ciyawar da ke rufe da na ƙarshe. "Rantsuwa na yi da Allah, yaro. Ba ni karya ta don hawayen kowa."

"Baba!" Iklima ta kama ƙafarsa. "Baba, ni na jawo, kada ka hukunta shi da laihina. Don darajar Innata da ke ƙasa…"

Ya zare ƙafarsa. Ya daɗe yana kallon leburori. Sannan ya ɗaga murya.

"Kai! Ku mayar da ciyawar ga. Ku bar wancan."

Shugaban leburori ya taso da mamaki. "Alhaji, mota na jira. Ga hadari ya hwara haɗuwa gabas, in ruwa ya sauka tsira za ta yi ta ruɓe."

"Albasarka ta? Na ce ku bar shi."

Ya ɗauki carbinsa, ya dubi Naziru a ɗage.

"Na ce ranar da ruduna na ƙarshe ya tashi. Ga shi nan bai tashi ba. Ba ni saidawa, ba ni taɓawa. Amma ranar da warinta ya hana maƙwabta zama har na sa anka zubar, ya tashi ke nan, kai ma ka tashi. Sai ka je ka gaya wa masu sa hannun naka da albasa suka yin tsere."

Naziru ya sunkuya har goshinsa ya kusa taɓa tabarma. 

A bakin titi, suna jiran mota, Iklima ta tsaya nesa da shi kaɗan tana murza bakin hijabi. Iska mai ɗumi ta taso daga gabas, ta ɗaga kai ta dubi sama da tsoro.

"Yaya Naziru… za ka sake rubutawa?"

Ya amsa, idonsa na kan titi.

"Zan rubuta."

"Me zan yi in taimaka? Wallahi ko me ka ce."

Ya juyo ya dube ta. Fushin na nan bai tafi ba, amma a ƙarƙashinsa ta hango mutumin da ta sani.

"Addu'a," ya ce. "Ita ma ki yi da bakinki. Kada ki ba kowa ya kai miki."